Tukunya Mai Wuta a Ka

Ni ɗiyar fari ce, saboda haka na girma ban taɓa jin sunana a bakin babana ba. Haka ake yi a wurinmu, ba ƙiyayya ba ce. Uwa da uba suna jin kunyar ɗan fari. Ba su kiran sunansa, ba su zama su yi hira da shi, in suna da magana sai su aika ta bakin wani, ko da yana tsaye gabansu. Inna takan ce mini "ke" in ya zama dole. Baba ko "ke" ɗin ba ya cewa. Tun da aka yaye ni aka miƙa ni ga Gwaggo, yayar Baba, wadda ta dawo gidanmu da zama bayan rasuwar mijinta. Ita ta san cina da shana, ita kuma ta san dukana.

Ban da kunya, Baba ma bai zauna gida ba. Shekara da shekaru yana Maraɗi, yana aikin kuku a gidan wani Nasara mai sayen gyaɗa. Sai da salla yakan zo ƙauyenmu na kusa da Gangara, ya kwana uku ya koma. A shekarar da aka ce mun samu mulkin kai, Nasaran nan ya ɗaure kayansa ya tafi ƙasarsu, Baba kuma ya dawo gida gaba ɗaya. Ban san abin da mulkin kai ya kawo wa wasu ba. Mu dai Baba ya kawo mana, tsakiyar damina, hatsin mutane ya kai ƙirji, lokacin shuka ya daɗe da wucewa.

Jaki ɗaya ne ya ɗauko kayansa duka. Akwai akwatin ƙarfe, akwai wata baƙar tukunya ta ƙarfe mai ƙafa uku, murfinta shimfiɗaɗɗe ne mai ɗan baki kewaye. Mutanen gari suka ga akwati suka yanke cewa dukiya ce a ciki. Abin da ke ciki kuwa riguna biyu ne na aiki, da ɗan buhun garin alkama na kanti, da kan sukari guda biyu naɗe cikin shuɗiyar takarda, waɗanda matar Nasaran ta ba shi ranar sallama.

Mazan gari ba su bar shi ya huta ba. In ya fito dandali sai wani ya tambaye shi yau me aka dafa, wani ya ce ko zai taimaka wa matarsa da tuƙin tuwo tun da ba ta da lafiya. Da wasa suke yi, amma wasan da ake yi kullum ya daina zama wasa. Namiji a bakin murhu abin dariya ne a ƙauye, ko a Maraɗi ana biyansa. Baba ya ce gaban Gwaggo shi da tukunya har abada, ya ɗauki hauya ya bi ƙanensa gona. Hannuwansa suka yi bororo, suka fashe, suka sake yi. Tukunyar kuwa aka kife ta bayan rumbu, kaji na hawa kanta.

Ni a lokacin ina da aure a wani ƙauye gab da Gazawa. Da cikina ya tsufa aka maido ni gida goyon ciki, kamar yadda ake yi wa mai haihuwar fari. Na haihu da kaka, ana cikin cirar gyaɗa, na samu ɗiya mace. Gwaggo ta kama ni da wankan jego safe da yamma, ruwa na tafasa, tana tsoma ganye tana fyaɗa mini, in na yi ƙara ta ce ai ba ita ta aike ni ba. Na sha kunun kanwa har na ƙi jinin ganin ƙwaryar.

In an yi arba'in mai jego za ta koma ɗakinta, kuma ba ta komawa hannu sake. Iyayenta za su haɗa mata gara: hatsi, gishiri, daddawa, man shanu, sannan kayan zaƙi, alkaki da nakiya. Ana sauke kayan a tsakar gidan miji, matan unguwa su taru a buɗe kwano ɗaya bayan ɗaya, kowa ya gani, uwar miji ta rarraba gida-gida. Abin da aka gani ranar nan shi za a riƙa faɗa a kan iyayenki har ki tsufa. Ni kuwa surukata ta riga ta cika unguwa da labarin cewa uban matar ɗanta a gidan Nasara yake aiki.

Saura kwana huɗu, da hantsi, ina ɗaki ina ba yarinya nono, na ji Gwaggo ta tsare Baba a bakin zana. Gwaggo ba ta iya magana a hankali ba. Ta lissafa masa abin da aka samu: gero daga gamanar Inna, ɗan filin da take nomawa na kanta, daddawa akwai, gishiri akwai, an karɓi man shanu wajen Fulanin da suka sauka bayan gari. Kayan zaƙi ne babu, kuma wannan rabon uba ne. Babu shinkafar nakiya, babu zumar alkaki. Ta tambaye shi da wace fuska za ta shiga Gazawa, ita da za ta yi rakiya.

Na ji tausayin Baba har nono ya tsaya mini a ƙirji. Can na ji ƙarar murfin akwati, ya fito da garin alkama da kan sukari ya ajiye gabanta. Ya ce akwai wani abu da yakan yi wa matar Nasara duk ranar Lahadi, ana ce masa gato, da gyaɗa ake yi da kayan ƙamshi, kuma ba wanda ya taɓa ganin irinsa a Gazawa. Shi ba zai taɓa wuta ba, ya riga ya faɗa. Zai zauna ta bayan zana ya riƙa faɗa, ita ta riƙa yi. Ya raba garin biyu, rabi yau, rabi gobe, don tukunyar kaɗan-kaɗan take ci.

To, Gwaggo shekara talatin tana ƙuli-ƙuli. Duk kasuwar Gangara an san tallanta. Da Baba ya ce a soya gyaɗa, a murje, a daka ta yi laushi a zuba cikin gari, ta ce wannan ai ba sai an koya mata ba. Ta soya, ta murje, ta fece, ta daka har ta zama luƙui. Sai hannunta ya ci gaba da abin da ya saba. Ta yayyafa ruwan zafi, ta yi ta juyawa da muciya har mai ya taso, ta kwashe shi tas ta ɗura a kwalba, ta matse tunkuzar har ba ɗigo. Wannan busasshiyar tunkuza ita ta zuba cikin garin. Man shanun ma da ya ce a sa ludayi biyu, ɗaya ta sa, don na gara ne. Ina zaune a bakin ƙofa ina kallo, ban ga laifin komai ba. Da ni ce ma haka zan yi. Ba macen da za ta daka gyaɗa ta ga mai ya taso ta bar shi.

Baba yana bayan zana, ba ya ganin turmi. Ya faɗi yadda za a gasa, aka gasa. Abin ya fito da kyan gani, ja-ja, yana ƙamshi. Gwaggo ta miƙa masa ɗaya ta saman zana tana taƙama. Muka ji ƙas.

"Yaya, ina man gyaɗar?"

Ta ɗaga masa kwalbar, cike har wuya, ta ce ga shi nan, ko ɗigo bai ɓace ba.

"Ai man shi ne abin," in ji Baba.

Na ɗauki ɗaya na gwada. Wallahi da za a sa shi a gwafa a harbi kurciya, sai ta faɗo. Gwaggo ta hau faɗa. Ta ce wace mahaukaciya ce za ta binne mai a cikin gari, mai da ake saye da tsada. Ta ce in haka Nasara ke cin abinci ba mamaki da suka kasa zama. Ta ce ya yi shekaru yana dafa wa baƙi, yau ɗiyarsa ce ke bukata ya ɓuya bayan kara yana ba da umarni kamar sarki. Wannan maganar ta ƙarshe ta yi zafi, ita ma ta sani. Ta ɗauki kwalbarta ta ce hannunta ya fita daga kayan Nasara. Gaton nan sai da aka yi mako ana jiƙa shi cikin kunu kafin ya ƙare.

Rabin gari ya tafi, kan sukari ɗaya ya tafi. Baba ya sa aka kawo kwanon da za a kai kayan zaƙi a ciki, ya dube shi, ya dubi sauran garin, ya gaya wa Gwaggo gashi uku zai yi, kuma ukun nan su ne za su cika kwanon daidai, in ba a yi asarar ko ɗaya ba. Kwanon gara ba a kai shi rabi. Gara a ce ba a kawo ba da a buɗe a ga gindin kwano. Inna ta ce ita tsoro take ji, ba za ta taɓa ba. Gwaggo ta juya baya tana tsinke zogale. Saura ni, ni kuma Baba ba ya yi mini magana.

Na kwana da haushin kowa. Ina jin haushin Gwaggo da kwalbarta, da mazan dandali, da surukata mai dogon baki. Shi ma Baba na ji haushinsa. Ga mutum ya san abu, ga ɗiyarsa tana da hannu biyu, amma kunya ta tsaya tsakani.

Da safe bayan wanka na fito na tarar an wanke tukunyar an kafa ta, ga ƙwarya cike da yashin gulbi, ga wani faifan ƙarfe da aka yanko daga garwar kananzir aka daddale. Baba ya kife tsohon turmi a daidai inda zana ta rabu, ya zauna a kai, ƙafarsa ɗaya a waje, ɗaya kusan a ciki. Ya ce da Gwaggo a kawo masa amaryarsa. Jika ai ba a jin kunyarta, abokiyar wasa ce. Ya karɓi yarinya ya kwantar a cinya, ya dubi fuskarta, ya gyara murya.

"Amarya, ki gaya wa mutanen gidan nan a soya gyaɗa sama-sama, kar ta yi ja. In an daka, a bar mata manta. Ko ya taso yana kuka, a bar shi."

Yarinya kwana talatin da bakwai a duniya, barci take yi. Na gane, na ɗauko kasko. Da na gama, ni ma na dubi wajen yarinyar na ce ta gaya wa angonta an soya. Gwaggo ta yi tsaki, amma na ga tana danne dariya.

Haka muka yi aikin nan duka ta bakin jaririya. Amarya ta ce a fasa kan sukari da taɓarya a daka shi ya zama gari. Amarya ta ce a daka citta, da kanumfari ƙwaya bakwai, da ɗan masoro, a tankaɗe. Gwaggo daga inda take ta ce abin gyaɗa ba barkono ai ɓata wuta ne, Baba ya gaya wa amarya ta ce da masu ƙuli-ƙuli su ji da kwalbarsu. Aka sa man shanu ludayi biyu cikakku, na murza shi cikin gari da kan yatsu har ya yi warawara kamar dambu. Aka fasa ƙwai biyu, aka zuba ɗan ruwan kanwa. Da na zo zuba gyaɗar, tana ta ƙyalli da mai, sai da hannuna ya yi nauyi. Ni ma goyon Gwaggo ce. Na runtse ido na juye.

Amarya ta ce kar a cuɗa da ƙarfi, ba tuwo ba ne, a tara shi kawai ya haɗu. Na shimfiɗa shi kan faifai na murza da kwalba, na yanyanka da bakin finjali, na danna ɓarin gyaɗa a tsakiyar kowane. Ƙullin yana da laushi, yana ƙamshin citta, ba kamar na jiya ba da ya riƙa tsagewa. Baba yana leƙen faifan ta gefen ido, yana yi kamar kunnen yarinya yake dubawa.

Gashin shi ne abin da ban taɓa gani ba sai a wurinsa. Ana zuba yashi a gindin tukunya, a ɗora faifan ƙarfe a kai, a sa garwashi kaɗan a ƙasa, mai yawa a kan murfi. Duk girkin da na sani wuta a ƙasa take. Gwaggo ta ce tun jiya take mamaki, tukunya da wuta a ka kamar mai tallan rushi. Amarya ta ce a barbaɗa ɗan gari a kan faifan a gani, in ya yi baƙi nan da nan wuta ta yi yawa, in ya yi ja a hankali to ta yi. Ya yi ja a hankali. Na jera gashin farko, na rufe, na kwaso garwashi da sakaina na zuba a kan murfi.

A gidan Nasara da agogo Baba yake aiki. A nan ya ciro carbinsa, ya gaya wa amarya carbi biyar ne, kafin nan ba a taɓa murfi. Ya soma ja, leɓensa na motsi.

Bai kai ƙarshen na uku ba ƙamshi ya cika gidan. Ƙamshi ne mai ƙarfi, gyaɗa da kanumfari da man shanu, kuma a hancina ya yi kama da abin da ya soma kamawa. Duk macen da ta ji haka a tukunyarta buɗewa take ta duba. Na tuna gashi uku ne ba na huɗu, na tuna matan Gazawa tsaye a kan kwano. Ban tuna da carbi ba sam. Na naɗe hannu da tsumma na kama murfin ta gefe zan karkata shi in leƙa, yadda ake leƙa miya, ga garwashi da toka tuli a kansa, duk za su zube ciki.

Sai na ji sunana.

Da tsawa ya fito, cikakke, yadda aka raɗa mini shi, ba yadda Gwaggo ke gutsure shi ba. Na saki murfin. Ban ma san muryar wa ce ba da farko, don ban taɓa jin yadda sunan yake a cikinta ba. Na juya. Baba ya miƙe tsaye da yarinya a hannu, carbi ya faɗi ƙasa. Gwaggo ta tsaya da zogale a hannu, baki buɗe. Inna, da ke tankaɗe a gindin rumbu, ta ajiye rariya ta shige ɗaki.

Yarinya ta farka ta soma kuka. Baba ya dubi ƙasa, ya dubi tukunya, sannan ya miƙa wa Gwaggo yarinyar, ya ɗaga ƙafarsa ta waje ya shigo. Ya tattare rigarsa ya tsuguna a bakin wuta kusa da ni. Ya gyara murfin da na gusar, ya ɗauki carbinsa ya kakkaɓe, ya ƙarasa biyun da suka rage. Ina jin numfashinsa. Idona ya cika da ruwa, na bar shi a kan hayaƙi ne, ko da yake garwashi ba ya hayaƙi.

Da ya gama ya ɗauki kara ya share garwashin kan murfi tas, ya hure tokar, ya ɗaga murfin sama a miƙe da hannu biyu. Ya yi abin a hankali don in gani. Gaton ya taso, ya yi ja a gefe, tsakiyarsa ta ɗan tsage. Ya ɗauki ɗaya ya ɓara, ya narke masa a yatsu. Ya ajiye rabin a kan faifai ta wajena, ya ci rabin.

Gashi na biyu da na uku tare muka yi. In yana son sakaina sai ya miƙa hannu in sa masa, in na jera ba daidai ba sai ya gyara da ɗan yatsa. Wani maƙwabcinmu, cikin masu tsokanarsa a dandali, ya yi sallama a ƙofar gida yana tambayar wane ƙamshi ne wannan. Gwaggo ta leƙa ta ce masa mai gida yana aiki, ya dawo an jima. Ta saman zana ya ga aikin da ake yi. Baba bai ko ɗaga kai ba.

Kwanon ya cika har murfi na ƙin zama, duk da guda ɗayan da muka ci. A Gazawa, da aka buɗe shi, matan unguwa suka yi ta juya abin a hannu suna shinshinawa. Surukata ta rarraba bibbiyu, ta ɓoye sauran a ɗakinta, ta yi wata guda tana fito da shi in ta yi baƙi. Gwaggo kuwa ta zauna a tsakar gidan tana bayanin yadda ake yi, har da gargaɗin kar a kuskura a cire man.

Amma kafin nan, ranar tafiya da safe, da aka gama ɗaura kaya, na ga an ƙara wani abu a kan jakin baya. Baƙar tukunyar ce, da murfinta, da faifan garwa, an ɗaure da igiyar kaba. Baba ya rako mu har bakin gonakin gari, yana tafe ta gefen da yarinya take a bayana. Da zai juya ya kama 'yar ƙafarta da ta leƙo daga zane.

"Amarya, ki gaya wa uwarki tukunyar tata ce. Carbi biyar. Kar ta yi gaggawa."

Na ce ta gaya masa an ji.

Ya yi shekara goma sha ɗaya a duniya bayan nan, ya zama manomi kamar kowa, hannuwansa suka yi kanta. Mazan dandali sun ci gaba da tsokanarsa, ya daina kulawa. In na zo gida mukan gaisa ta bakin yaran, har suka girma suka riƙa yi mana dariya. Tukunyar tana nan, ƙafarta ɗaya ta karye, da dutse nake tokare ta. Na yi gaton gara a cikinta na 'ya'yana mata huɗu. Babbar, wadda aka yi aikin ta bakinta, ita ma ban taɓa kiran sunanta ba.

Nawa sunan sau ɗaya na ji shi a bakin Baba, shi ma da tsawa. Ya ishe ni.